Ba Sai Da Manhajar Kuɗi Ake Naɗar Allon Kwamfuta Ba

Akwai wata magana da ta zauna daram a bakin matasanmu masu koyar da kwamfuta ta bidiyo, da malaman makaranta masu son naɗar darasi su tura wa ɗalibai, har da ma'aikatan ofis da ake so su nuna wa abokan aiki yadda ake cike wani fom a intanet. Maganar ita ce, in kana son abin da ke gudana a allon kwamfutarka ya fito tas a bidiyo, to ba makawa sai ka mallaki Camtasia ko Bandicam ko wata manhaja irinsu da ake saye da dala. Na kyauta kuwa, a ganinsu, wasan yara ne: ko su liƙa maka tambari a kan bidiyo, ko su yanke ka bayan 'yan mintuna, ko hoton ya fito dishi-dishi. Daga nan sai a gangaro kan hukuncin da ya fi damuna, wai wanda ba shi da halin saye ba shi da mafita illa ya nemi wadda aka fasa, wadda ake ce wa kirak, a saka masa.

Masu wannan ra'ayi ba da ka suka yi maganar ba, kuma adalci ne a faɗi hujjarsu yadda take. Wanda ya sauke Bandicam bai biya ba, ya ga yadda take tsayar da ɗauka bayan minti 10, ya kuma ga sunan kamfanin a saman bidiyonsa. Wanda ya gwada Camtasia ta lokacin gwaji ya ga tambarinta a kan aikin da ya sha wahalar yi. Wanda ya cika wayarsa da ƙananan manhajojin ɗaukar allo ya sha tallace-tallace har ya gaji. Ita kuma Camtasia, wadda kamfanin TechSmith na jihar Michigan a Amurka ke fitarwa tun 2002, manhaja ce mai kyau ƙwarai, kuma dubban darussan da mutane suka koyi aiki da su a YouTube da ita aka yi su. Ga kuma abin da rayuwar kasuwa ta koya mana, cewa araha ba ta ado. Mutumin da ya haɗa waɗannan duka ya ce abin kyauta ba shi da inganci, ya yi tunani irin na mai hankali. Sai dai bayanin da ya gina tunanin a kai bai cika ba.

Inda kuskuren ya fara shi ne haɗa abubuwa biyu mabambanta a kwando ɗaya. Bandicam da ba a biya ba, da Camtasia ta gwaji, ba manhajojin kyauta ba ne. Kayan sayarwa ne da aka ba ka ɗanɗano. Tambarin nan da iyakar mintunan nan ba gazawar fasaha ba ce, da gangan aka sa su domin ka ji daɗin aikin ka zo ka biya, kuma wannan ba laifi ba ne ga mai kaya. Akwai kuma wani rukuni dabam, na manhajojin da aka rubuta tun asali domin kowa ya yi amfani da su, aka buɗe rubutun da aka gina su da shi ga duk mai son dubawa ko gyarawa. Babbarsu a wannan fanni ita ce OBS Studio, wadda aikinta ya faro a 2012. Tana aiki a Windows da Mac da Linux. Ba ta da tambari, ba ta da iyakar lokaci, ba ta da wata babbar yaya da ake saye wadda aka ɓoye wa wasu ayyuka. Abin da ka sauke shi ne dukkanta. Lasisin da take ƙarƙashinsa, wanda ake kira GPL, ya halatta maka ka yi aikin neman kuɗi da ita, ka kwafa wa abokinka a filas, ka saka wa ɗalibai ɗari a ɗakin kwamfuta, ba tare da neman izinin kowa ba.

Mai karatu zai iya tambaya, kuma tambayar tana kan hanya: to wa ke biyan masu wannan aiki, in har da gaske yana da inganci? Amsar a fili take. Manyan kamfanoni irin su Twitch da YouTube da NVIDIA da Logitech sun tallafa wa aikin OBS da kuɗi, ban da gudunmawar ɗaiɗaikun masu amfani da ita. Ba sadaka suke yi ba. Ɗimbin masu watsa shirye-shirye kai tsaye a waɗannan dandamali da OBS suke aiki, saboda haka ingancinta riba ce ga kamfanonin. Har ma akwai manhajojin kasuwanci, irin ta Streamlabs, da aka gina a kan rubutun OBS. Abin da 'yan kasuwa ke ɗauka su kafa jarinsu a kai, da wuya a kira shi wasan yara.

Yanzu mu zo kan zuciyar maganar, wato kyan hoto, domin a nan ne ruɗun ya fi ƙarfi. Mun saba da kamara, inda mai tsada ke fin mai araha saboda gilashinta da abin da ke karɓar haske a cikinta. Sai muka ɗauki wannan ma'auni muka ɗora wa naɗar allo. Amma a naɗar allo babu gilashi, babu haske, babu inuwa. Hoton da kake gani yana nan a cikin kwamfutar a matsayin lambobi, ɗigo bayan ɗigo. Manhajar ɗauka tana roƙon Windows ko Mac ne su miƙo mata kwafin waɗannan lambobi sau da yawa a cikin daƙiƙa guda. Kwafin da za a miƙa wa manhajar dala shi ne za a miƙa wa ta kyauta. Babu wani ɗigo na musamman da aka ajiye wa wanda ya biya.

Abin da ya rage shi ne matse waɗannan hotuna su zama fayil mai ɗaukuwa, kuma a nan ma hanyar kusan ɗaya ce ga kowa. Da yawa daga cikin bidiyon da muke kallo da tsarin H.264 ake matse su, tsarin da aka kammala tun 2003. Ɗaya daga cikin injinan matsewa mafi shahara a wannan tsari, mai suna x264, shi kansa na kyauta ne, yana ƙarƙashin ƙungiyar VideoLAN, masu manhajar VLC da kwamfutoci da yawa a Nijeriya ke ɗauke da ita. Ban da shi, akwai injin matsewa da aka gina a cikin ƙarfen kwamfutar: Intel tana da Quick Sync tun 2011, NVIDIA tana da NVENC, AMD ma tana da nata. Wato ko tsohuwar laftof ɗin da aka sayo ta hannu, in dai ba ta tsufa tukuf ba, akwai yiwuwar tana da wannan injin a cikinta, kuma OBS ta san yadda za ta yi aiki da shi. Kuɗin wannan inganci ka riga ka biya shi ranar da ka sayi kwamfutar.

To daga ina dishi-dishin ke zuwa? Daga saiti uku yake zuwa: girman hoton, yawan hotuna a daƙiƙa, da yawan bayanin da aka yarda a kashe wa kowace daƙiƙa. Wanda ya naɗi allo mai faɗin ɗigo 1920 da tsayin 1080, rubutun da ke kai ƙanana kamar tururuwa, sannan ya tura ta WhatsApp wadda za ta sake matse shi, sannan ɗalibi ya kalla a wayar da ba ta wuce tafin hannu ba, to ko da wace manhaja ya yi aikin rubutun ba zai karantu ba. Maganinsa ba kuɗi ba ne. Ya ƙara girman rubutu kafin ya fara, ya rufe tagogin da ba ya bukata, ya ɗauki sashen da ake aiki a kai kaɗai. Darasin Excel ko Word ba ya bukatar hoto 60 a daƙiƙa kamar wasan ƙwallo, 30 ta isa har ta yi yawa. Lissafin nauyi ma mai sauƙi ne: bidiyon da aka ba kilobit 2500 a daƙiƙa zai kai kusan megabait 190 a minti 10, wanda aka ba 1000 kuma zai tsaya a wajen 75. Allon da yawancinsa rubutu ne a tsaye yana matsuwa da kyau, ba ya bukatar adadi mai yawa. Wannan lissafi yana da muhimmanci a wurinmu fiye da wurin Bature, domin ɗalibin da muke yi wa darasin da kuɗin datarsa zai kalla, kuma malamin da ya rage masa nauyin fayil ya tausaya masa.

Wani abin da ke ba mutane mamaki shi ne, da yawa daga cikin masu yawon neman kirak suna da manhajar ɗauka a kwamfutarsu ba su sani ba. Tun Windows 10 akwai Xbox Game Bar. Ka danna maɓallin Windows da Alt da R tare, ɗauka ta fara. Ka sake dannawa, ta tsaya, bidiyon yana jiranka a foldar Captures da ke cikin Videos. Tana da iyaka, kuma ba zan ɓoye ba: taga ɗaya take bi, ba ta ɗaukar fuskar tebur ko tagar binciken fayiloli. A Windows 11 kuwa, tun 2023 Snipping Tool ta samu ikon ɗaukar bidiyo, inda za ka ja layi ka kewaye sashen da kake so. Mai kwamfutar Mac yana da Shift da Command da 5 tun fitowar tsarin Mac mai suna Mojave a 2018, ko da yake wannan hanya muryar makirufo take ɗauka, ba sautin da ke fitowa daga cikin kwamfutar ba. Malamin da ke shirya darasinsa a PowerPoint zai tarar da Screen Recording a ƙarƙashin Insert. Wayoyi ma haka: iPhone tun 2017, Android kuma tun fitowa ta 11 a 2020. Ga mai son nuna wa abokin aiki abu na minti uku, waɗannan sun wadatar.

Ana kuma cewa OBS tana da wuya, an yi ta ne domin masu wasannin kwamfuta. A nan akwai ƙamshin gaskiya. Wanda ya buɗe ta karon farko zai ga baƙin fili da akwatuna a ƙasa, ba wani babban jan maɓalli da ke kiransa. Amma abin da ake bukatar fahimta bai wuce guda biyu ba. Akwai fage, wato abin da mai kallo zai gani, akwai kuma abubuwan da kake ɗorawa a fagen: allon kwamfuta, makirufo, kamara idan kana son fuskarka ta fito a kusurwa, ko hoton sunan tasharka. Ranar farko manhajar da kanta take tambayarka ko ɗauka kake so ko watsawa kai tsaye, ta auna ƙarfin kwamfutarka, ta zaɓa maka saiti. Bayan wannan, aikin kullum danna maɓalli ɗaya ne. Matsalar da ta fi korar sababbin shiga ita ce baƙin allo, wadda kan faru a laftof mai katin hoto biyu, inda allon ke kan ɗaya OBS kuma ke kan ɗayan. Ana gyara ta a saitin hoto na Windows. Gaskiya ne kuma cewa tun fitowa ta 28 a 2022 OBS ta daina aiki a Windows 7 da 8, saboda haka mai irin wannan kwamfuta sai ya nemi tsohuwar fitowa. Wanda kuma yake son abu mara nauyi a Windows yana da ShareX, mai Linux yana da SimpleScreenRecorder, dukansu na kyauta ne, babu tambari.

Akwai wata fa'ida da ban cika jin masu koyarwa suna ambata ba, alhali mu ta fi shafa, mu da ake ɗauke wa wuta ba sallama, kuma batirin laftof ɗin da yawa daga cikinmu ya daɗe da mutuwa. Fayil ɗin MP4 na gargajiya yana kama da ɗan kasuwar da ke riƙe cinikin yini a ka, sai dare ya yi ya zauna ya rubuta a littafi: in wani abu ya same shi da la'asar, lissafin ranar ya tafi gaba ɗaya. Haka MP4 yake, sai an tsayar da ɗauka yake rubuta jadawalin da ke nuna inda kowane hoto yake. In kwamfuta ta mutu a minti na 40, fayil ɗin yana nan da nauyinsa amma ba ya buɗuwa. OBS tana ba ka damar ɗauka a tsarin MKV, wanda abin da aka riga aka rubuta a cikinsa yana nan ko da an yanke shi a tsakiya, sannan in ka gama ta mayar maka da shi MP4 cikin daƙiƙoƙi ba tare da hoton ya ragu ba. A 2024 ma ta ƙaro wani sabon nau'in MP4 da ke jure irin wannan yankewa. Malamin da ya taɓa asarar karatun awa guda saboda ɗaukewar wuta ya san darajar wannan.

Sai batun murya, wadda a ganina ita ce ainihin abin da ke raba darasi mai kyau da mara kyau. Mai kallo zai haƙura da hoton da bai kai ba, amma ba zai zauna minti 20 yana sauraron malami ta cikin ƙarar janareta da fanka ba. Babu manhajar da za ta gyara muryar da aka ɗauka da makirufon jikin laftof daga nesa, komai tsadarta. Makirufon da ke jikin iyafis ɗin waya, in an kawo shi kusa da baki, yakan fi shi nesa ba kusa ba. OBS kuma tana da matatun sauti a cikinta, akwai mai rage ƙarar da ke bayan murya, akwai mai rufe makirufo idan ka yi shiru, akwai mai daidaita hawa da saukar murya. Wanda yake da 'yan kuɗi a hannu yana son inganta darasinsa, makirufo ya kamata ya fara saye.

Ba zan yi wa Camtasia ƙwauron yabo ba a inda ta cancanta. Fifikonta na gaskiya ba a ɗauka yake ba, a tacewa yake. Ta haɗa ɗauka da yankewa da zuƙo hoto da haskaka linzami da saka kibiyoyi a wuri ɗaya, cikin tsari mai sauƙin koyo. OBS ba ta tace bidiyo ko kaɗan, kuma duk wanda ya ce maka tana yi bai san ta ba. Amma wannan giɓi ma akwai masu cike shi: Shotcut da Kdenlive na kyauta ne kuma a buɗe suke, Clipchamp tana zuwa da Windows 11, DaVinci Resolve ta kamfanin Blackmagic Design tana da fitowar kyauta mai ƙarfi ga wanda kwamfutarsa za ta iya ɗaukarta. Audacity tana gyara murya, HandBrake tana rage nauyin fayil. Aiki da manhaja biyu ya fi aiki da ɗaya ɗaukar lokaci, wannan haka yake. Saboda haka kamfani ko makarantar da ke fitar da darussa da yawa a mako, kuma tana da hali, in ta sayi Camtasia ta yi dabara, ban ga abin zargi ba. Abin da nake musu a kai shi ne a ce sai da ita, har a sa yaron da ke da basira da tsohuwar laftof ya naɗe hannu yana jiran ranar da zai samu dala.

Wannan ya kawo mu kan kirak, wadda ake ɗauka ita ce hanyar talaka. Ina roƙon ɗan'uwa mai wannan tunani ya duba matakin farko da ake umartarsa da shi duk lokacin da zai saka irin wannan manhaja: ka kashe antibairos. Wato ka kori mai gadi, sannan ka ba wani shirin da ba ka san wanda ya rubuta shi ba cikakken iko a kan kwamfutarka. Masana tsaron intanet sun daɗe suna nuna cewa manhajojin da aka fasa suna cikin manyan hanyoyin yaɗa shirye-shiryen satar bayanai. Irin waɗannan ba sa lalata kwamfuta balle ka farga. Shiru suke shiga, su kwashe kalmomin sirrin da ka ajiye a burauza, da 'yan fayilolin da ke sa shafi ya gane ka ba tare da ya sake tambayarka kalmar sirri ba, su aika wa mai su. Ɗaya daga cikinsu, mai suna RedLine, ya yi ɓarnar da ta sa 'yan sandan Holan da hukumar FBI ta Amurka da wasu ƙasashe suka haɗa ƙarfi suka rushe cibiyoyinsa a watan Oktoba na 2024. Ka tuna kuma wane ne mai neman manhajar ɗaukar allo: mutum ne mai tashar YouTube ko shafin Facebook da ya yi shekaru yana tara mabiya, kuma a kwamfutar nan yake shiga imel ɗinsa, wataƙila har da asusun banki. Shi ne ainihin wanda ɓarayin ke nema.

Ko da a ce babu wannan haɗari, akwai haƙƙi. Mutane ne suka zauna suka rubuta manhajar, suka ce ga farashinta. Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta OIC, a zamanta na biyar da ta yi a Kuwait a 1988, ta tabbatar da cewa haƙƙin mawallafi da na mai ƙirƙira haƙƙi ne da shari'a ke karewa, bai halatta a keta shi ba. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ma ta sanya shirye-shiryen kwamfuta cikin abubuwan da take karewa. Uzurin da aka saba bayarwa shi ne lalura. Amma lalura tana tabbata ne idan babu wata hanya, ga shi kuwa hanyoyin halal sun fi a ƙirga da yatsun hannu ɗaya. Abin ya fi nauyi idan darasin da ake naɗa na karatun addini ne, ko na koya wa yara sana'a. Ina kuma kira ga 'yan'uwanmu masu shagunan saka manhaja, waɗanda da yawansu taimako suke nufi: lokacin da za ku ɓata wajen neman kirak mai aiki ya isa ku saka wa mutum OBS da Shotcut, ku nuna masa yadda zai fara, kuma ba zai dawo muku da kukan an sace masa shafi ba.

Sai dai kasancewar manhaja ta kyauta ba ya nufin duk inda aka gan ta a ɗauka. A farkon 2023 an samu shafukan bogi da suka kwaikwayi na OBS, suka sayi talla domin su fito a saman sakamakon bincike, suna raba gurɓatacciyar manhaja mai satar bayanai. Adireshin gaskiya shi ne obsproject.com, kuma gara ka rubuta shi da hannunka da ka danna abin da ya fara fito maka. Shafin gaskiya ba zai nemi lambar katin bankinka kafin ka sauke ba, ba zai ba ka fayil mai kulle da kalmar sirri ba, ba kuma zai ce ka kashe antibairos ba. Duk shafin da ya nemi ɗaya daga cikin ukun nan, ka rufe shi.